Fayil Ya Kwanta, Albashi Ya Tsaya: Hanyoyin da Doka Ta Buɗe wa Ma'aikacin Makaranta

A makarantun gwamnati na Nijeriya, abin da ya fi cin ma'aikaci a ɓoye shi ne jiran da ba a yanka masa rana ba. An ba malami takardar ɗaukar aiki, ya kama aiki, kullum yana aji da alli a hannu, amma wata da watanni sunansa bai hau baucan albashi ba. Malama ta sami ƙarin girma, takarda na hannunta, kuɗin sabon matakin kuwa ko kwabo bai shiga asusunta ba. Akawun makaranta ko maigadi an tsallake sunansa a tantancewar ma'aikata, ya kai duk takardun da aka nema, aka ce ya je ya saurara. Cikinsu babu wanda aka ce wa a'a. Abin da suke ji shi ne "ana kai", "fayil ɗinka yana sama", "dawo wani makon". Doka ta tanadi magani ga wannan hali, kuma maganin ya fi ƙarfi fiye da yadda yawancin malamai suke zato. Sai dai alƙali ba ya ƙirga sintirin da mutum ya yi a sakatariya. Takarda yake dubawa da kwanan watan da ke kanta. Saboda haka aikin mai neman hakkinsa ɗaya ne tun daga farko har ƙarshe: ya matsa har shirun hukuma ya zama rubutacce, da rana da wata da ofishin da ya yi shirun, kuma ya yi haka tun lokacin shigar da ƙara bai kuɓuce masa ba.

Kafin a ɗauki biro, mutum ya tsaya ya gane irin abin da yake bi, domin ba kowane jinkiri kotu ke ba nauyi ɗaya ba. Wanda ya ci jarrabawar ɗaukar aiki, ko sunansa ya fito cikin waɗanda aka zaɓa, amma ba a ba shi takarda ba, fata kawai yake da shi, kuma kotu ba ta cika tilasta wa hukuma ɗaukar wanda ba su ƙulla yarjejeniya ba. Haka wanda lokacin ƙarin girmansa ya yi amma ba a zauna a kansa ba. Dokokin Aikin Gwamnatin Tarayya sun sa shekara biyu ga mai mataki na 6 zuwa ƙasa, uku ga mataki na 7 zuwa 14, huɗu ga na 15 zuwa 17, amma wannan mafi ƙarancin lokaci ne, kuma kotuna sun sha faɗa cewa ƙarin girma ba ya faɗowa da kansa don shekaru sun cika. Abin da mai wannan matsala zai nema shi ne a duba batunsa kamar yadda aka duba na sa'o'insa. Da zarar takarda ta fito kuwa, magana ta canza gaba ɗaya. Wanda aka ba takardar ɗaukar aiki, ya amsa a rubuce, ya kama aiki, yarjejeniya ta ƙullu, kowane wata da ya yi aiki ya zama bashi a wuyan hukuma. Wanda aka ba takardar ƙarin girma, bambancin albashin kuɗinsa ne. A nan a karanta takardar da kyau, don sau da yawa rana biyu take ɗauke da su, ta hawa matakin da ta fara biyan kuɗin, kuma daga ta biyun ake lissafin ariyas. Akwai kuma waɗanda aka manta da su a zaman gwaji: ƙa'ida shekara biyu ce, amma sai mutum ya ninka haka ba takardar tabbatarwa. A shari'ar Jami'ar Obafemi Awolowo da Dokta Onabanjo ta 1991, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce hukumar da ta ci gaba da sa mutum aiki tana biyansa bayan wa'adin gwajinsa ya ƙare ba za ta dawo daga baya ta ce bai tabbata ba.

Sai kuma sanin inda fayil ya kwanta, don da yawa suna ɓata shekara suna zarya a ofishin da ba shi da ikon sa hannu. Malamin firamare yana ƙarƙashin sashen ilimi na ƙaramar hukuma, wanda sakataren ilimi ke riƙe da shi, sama da shi kuma hukumar SUBEB ta jiha, wadda ta zo da tsarin ilimin bai-ɗaya na dokar 2004. Albashinsa daga kason ƙananan hukumomi ake cire shi, shi ya sa ma'aikatar ƙananan hukumomi ma take da hannu a ciki. Hukuncin Kotun Ƙoli na 11 ga Yulin 2024, wanda ya ce a riƙa ba ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye, ya ƙara wajabta wa malami ya bincika wa ke sa hannu a bauca a jiharsa yanzu. Malamin sakandare na jiha yana ƙarƙashin hukumar kula da malamai ko ta makarantun sakandare, albashinsa kuma ta ofishin akanta janar na jiha yake bi. Na kwalejojin gwamnatin tarayya, Hukumar Kula da Ma'aikatan Tarayya ce ke ɗaukarsa, Ma'aikatar Ilimi ta tura shi makaranta, amma ba zai ga albashi ba sai an shigar da shi tsarin IPPIS, wanda ofishin Shugaban Ma'aikata da na Akanta Janar suke da hannu a kansa. Hedimasta ko firinsifal ba shi ke biya ba, ba kuma shi za a kai ƙara ba. Amfaninsa shaida ce, don shi zai tabbatar a rubuce cewa wane ya kama aiki ran kaza kuma yana zuwa.

Takardun da za a tara sanannu ne, amma rashin ɗaya daga cikinsu ya kayar da ƙara mai gaskiya ba sau ɗaya ba. Takardar ɗaukar aiki da kwafin amsar da aka rubuta mata, takardar turawa makaranta, takardar kama aiki mai sa hannun shugaban makaranta, hoton shafukan rajistar zuwa aiki, jadawalin darasi mai ɗauke da sunan malami, shaidar karatu da ta rajista da hukumar TRCN, takardun albashi na watannin da aka taɓa biya, da bayanin asusu daga banki mai hatimi wanda zai nuna watannin da ba abin da ya shigo. Abin da aka fi mantawa shi ne takardar da ta kafa adadin kuɗin, wato sakula ko jadawalin albashin jiha. Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda ke sauraron irin wannan ƙara, tana ɗaukar bashin albashi a matsayin kuɗin da sai an tabbatar da shi dalla-dalla: a nuna takardar da ta ba mutum hakkin, a kuma nuna yadda aka yi lissafi wata bayan wata. Wanda ya ce yana bin "kusan miliyan biyu" ba tare da jadawali ba, zai iya fita da hukuncin cewa an zalunce shi amma ba a rubuta masa ko naira ɗaya ba. Ainihin takardu kada su bar hannun mai su. Kwafi ake miƙawa. Idan takardar gwamnati ce da ainihinta ke ofis, Dokar Shaida ta 2011 tana son kwafin da jami'in da ke ajiye da ita ya sa wa hannu da hatimi, saƙon waya ko na WhatsApp kuma yana buƙatar takardar shaida ƙarƙashin sashe na 84. Sashe na 12 na dokar Kotun Ma'aikata ta 2006 ya ba alƙali damar sassauta waɗannan sharuɗɗa don adalci, amma mai hankali ba ya gina ƙararsa a kan sassaucin da ba a yi masa alkawarinsa ba.

Wasiƙar neman hakki ita ce ginshiƙin duk abin da zai biyo baya, don haka ta cancanci a zauna a tsara ta. Shafi ɗaya ya isa, da Turancin ofis mai sauƙi. A sa cikakken suna, lambar fayil, makaranta, ranar ɗaukar aiki da ranar kama shi. A faɗi abin da bai faru ba a jimla biyu, a liƙa jadawalin watanni da adadin kowane wata, sannan a nemi aiki takamaimai: a shigar da suna cikin albashi, a biya naira kaza na wata kaza zuwa wata kaza. A yanka wa'adi, kwana goma sha huɗu ko ashirin da ɗaya. Ƙa'idar aikin gwamnati ta ce koke ya bi ta hannun shugaban da ke sama da ma'aikaci, don haka a rubuta wa shugaban hukuma ta hannun hedimasta da sakataren ilimi, a kuma aika kwafi kai tsaye don kada wasiƙar ta tsaya a hanya. Abin da ya fi wasiƙar kanta daraja shi ne kwafin da ofishin karɓar wasiƙu ya buga wa hatimi da kwanan wata da sa hannu. In an ƙi bugawa, a aika ta rajistar gidan waya ko kamfanin kai saƙo, a adana rasit. Zagi da zargin sata ba tare da hujja ba suna iya jawo wa ma'aikaci takardar tuhuma, su kuma kawar da magana daga kan hakkinsa. Kalaman roƙo irin na a taimaka a tausaya su ma ba su da amfani, don suna nuna kamar alfarma ake nema. In wa'adi ya cika ba amsa, a sake rubuta ta biyu, a ambaci ta farko da ranarta, a ce ci gaba da shiru za a ɗauke shi a matsayin ƙin biya. Dalilin wannan duka shi ne umarnin kotu na tilasta wa jami'i yin aikinsa yana buƙatar a nuna an nema an hana. In kuwa hukuma ta amsa ta ce gaskiya ne ana bin ta, za ta biya in kuɗi ya samu, to ta yi wa mai ƙara rabin aikinsa.

Tsakanin wasiƙa da kotu akwai ƙofofi masu arha da ya kamata a gwada. Reshen ƙungiyar malamai ta NUT, ko NASU ga waɗanda ba sa koyarwa, yana iya tattara sunayen masu matsala iri ɗaya ya miƙa su a wasiƙa guda. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba kowa damar ya nemi hukuma ta ba shi bayani a rubuce cikin kwana bakwai, kuma a 2025 Kotun Ƙoli ta yanke cewa dokar tana aiki har a kan hukumomin jihohi. Da ita ana iya tambayar ranar da aka amince da ɗaukar wani rukunin malamai, ko ranar da aka tura sunayensu ofishin albashi. Sai Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975, marigayi Ɗanmasanin Kano Alhaji Yusuf Maitama Sule ya taɓa shugabantar ta a farkon zamaninta. Tana da ofis a kowace jiha, ba a biyan kuɗi, kuma jinkirin ofis na cikin ainihin abin da aka kafa ta dominsa. Iyakokinta uku ne da ya kamata a sani: ba ta taɓa maganar da ke gaban kotu, tana son a fara bin hanyoyin cikin gida, kuma dokarta ta sa wa'adin wata goma sha biyu na kai koke. Shawara take bayarwa, ba ta yanke hukunci, amma jami'in da ya yi watsi da malami yakan amsa wasiƙarta, amsar kuma ta shiga fayil ɗin mai koke. Wasu jihohi, kamar Kano, suna da tasu hukumar karɓar ƙorafi.

A nan ne haɗari mafi girma yake, kuma a nan ne haƙurin da ba a tsara ba yake cutar da mai shi. Dokar Kare Jami'an Gwamnati, wadda aka gada tun zamanin Turawa, ta ce a sashe na 2(a) duk ƙarar da za a kai jami'i kan abin da ya yi ko ya ƙi yi a bakin aikinsa, a shigar da ita cikin wata uku. Jihohin Arewa suna da irinta. Ko wannan wa'adi ya shafi rikicin aiki? A 2019, a shari'ar Hukumar Rabon Arzikin Ƙasa da Ajibola Johnson da abokansa, mutanen da aka ba takardun aiki sannan aka ce su dakata, Kotun Ƙoli ta ce dokar ba ta shafi yarjejeniyar aiki ba. A 2021, a shari'ar Idachaba da Jami'ar Aikin Gona ta Makurdi, kotun ta yi aiki da wa'adin a kan ma'aikatan da suka makara. Hukunce-hukuncen da suka biyo baya sun ci gaba da karkata nan da can. Akwai hujja mai ƙarfi cewa albashin da ba a biya ba cuta ce mai ci gaba, kowane ƙarshen wata sabon dalilin ƙara ne, kuma kotuna sun karɓi wannan a kan kuɗaɗen da ake biya lokaci-lokaci. Amma hujjar takan yi rauni in abin da ake ƙalubalanta aiki ne na rana ɗaya, kamar soke takardar ɗaukar aiki ko cire suna daga albashi. Ra'ayina shi ne ma'aikaci ya ɗauka wata ukun nan suna kansa, ya ga lauya tun a wata na farko da aka yi masa irin wannan. Kada kuma wasiƙu da zaman sulhu su ruɗe shi: tun 1994, a shari'ar Eboigbe da kamfanin NNPC, Kotun Ƙoli ta ce tattaunawa ba ta tsayar da gudun wa'adi. A bari ya huce shi ke kawo rabon wani, kuma jami'in da ke ta cewa dawo gobe, da saninsa ko ba da saninsa ba, wa'adin mai ƙara yake cinyewa. Ko inda wata ukun ba su hau ba, dokokin jihohi sun sa shekara biyar ko shida ga ƙarar yarjejeniya.

Dokokin da suka kafa hukumomi da yawa, har da na ƙananan hukumomi, sun ce sai an ba su sanarwar niyyar ƙara kafin a je kotu, galibi wata guda. Lauya zai duba dokar hukumar ya ga ko akwai sharaɗin, ya lissafa shi cikin wa'adin da ya rage, ya kuma tabbatar an sa sunan wanda doka ta yarda a kai ƙara, kamar SUBEB ko ƙaramar hukuma, tare da antoni janar na jiha.

Kotun da ke da hurumi ita ce Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. Gyara na uku da aka yi wa kundin tsarin mulki a 2010 ya kawo sashe na 254C, wanda ya ba ta ita kaɗai ikon sauraron rikicin aiki, har ya ambaci rashin biyan albashi, alawus, fansho da giratuti da sunansu. Kai irin wannan ƙara babbar kotun jiha ko kotun majistare asarar kuɗi ce da lokaci. Kotun tana zama a Abuja, Kano, Kaduna, Sakkwato, Jos, Bauchi, Yola da wasu garuruwa. Dokokinta na 2017 sun ce a shigar da komai gaba ɗaya: bayanin abin da ya faru, rantsuwar shaidu a rubuce, da kwafin takardu. Abin da ake roƙo yakan haɗa da kotu ta bayyana cewa mai ƙara ma'aikaci ne tun ran kaza, ta umarci a sa shi cikin albashi a matakin da ya dace, a biya ariyas adadi kaza, da kuɗin ɗawainiyar shari'a. Inda doka ta ɗora wa jami'i wani aiki ƙarara ya ƙi yi, sashe na 17 na dokar kotun ya ba ta ikon ba da umarnin tilastawa, wanda lauyoyi ke kira mandamus. Shi ma wa'adinsa gajere ne. Shari'ar Shitta-Bey ta 1981 ita ce madogara: kotu ta ce cire wannan ma'aikaci daga aiki haramtacce ne, Hukumar Ma'aikatan Tarayya ta ƙi mayar da shi, Kotun Ƙoli ta tilasta mata. Amma a san iyakar wannan umarni. Yana sa jami'i ya yanke shawarar da ya ƙi yankewa, ba ya zaɓa masa abin da zai yanke in doka ta bar masa zaɓi. Malaman da matsalarsu ɗaya ce suna iya haɗa ƙara su raba kuɗin lauya, muddin kowa ya kawo nasa takardun da nasa lissafin. Malamin makarantar kuɗi ma wannan kotu zai je, sai dai tasa ƙarar bashi ce kawai a kan mai makaranta ko kamfanin da ya yi mata rajista, ba ta umarnin tilastawa ba.

Wani zai ce duk wannan magana ce ta wanda bai san aikin gwamnati ba, don wanda ya rubuta wa hukuma wasiƙar wa'adi, gobe a cilla shi ƙauyen da ba hanya. Tsoron yana da tushe, ba kuma zan raina shi ba. Sai dai wanda ya yi shiru ma bai tsira ba: shi ne ake iya cire sunansa ba wanda ya sani, don ba shi da ko takarda ɗaya da ke nuna ya taɓa yin magana. Canjin wurin aiki da ya biyo bayan wasiƙa da mako biyu abu ne da alƙali zai iya gani, kuma sashe na 254C ya ba kotun ikon duba zaluncin wurin aiki. Kariya ta gaskiya ita ce a tafi a rukuni, kuma ma'aikaci ya tsare kansa daga laifi. Kada ya daina zuwa aiki don ba a biya shi ba, komai zafin abin, domin rashin zuwa ba izini babban laifi ne da ke kaiwa ga kora, kuma shi ne hujjar da hukuma ta fi so a ba ta. Ya ci gaba da sa hannu a rajista. Kada kuma ya baza takardun ofis a Facebook, don ƙa'idar aiki ta hana. Masu cewa kamun ƙafa ya fi sauri, gaskiya ne wani lokaci waya ɗaya daga babban mutum tana tayar da fayil. Amma tana tayar da na mutum ɗaya ne, ba ta barin shaida, kuma in ta kai ga ba da kuɗi, dokar hukumar ICPC ta 2000 tana kama mai bayarwa kamar yadda take kama mai karɓa.

Hukuma kuma tana da nata uzurin, kuma ya kamata a saurare shi da adalci. Ma'aikatan bogi gaskiya ne, tantancewa dole ce, ana kuma sayar da takardun aiki na jabu. Wanda takardarsa ta fito ta bayan fage, kotu ba za ta gyara masa ita ba, gara ya san haka tun kafin ya kashe kuɗi. Amma tantancewa bincike ce, bincike kuma yana da ƙarshe: ko a ce mutum na bogi ne a rubuce a ba shi damar kare kansa, ko a mayar masa da albashinsa. Riƙe shi a tsakiya shekara guda yana aiki ba biya ba shi da madafa a doka. Haka ma rashin kuɗi: dalili ne na neman a biya kashi-kashi, ba ya goge bashi. Nijeriya ta amince tun 1960 da yarjejeniya ta 95 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, wadda ta wajabta biyan lada a kan kari, kuma kundin tsarin mulki ya ba Kotun Ma'aikata ikon aiki da irin waɗannan yarjejeniyoyi. Game da yajin aiki, yana da muhallinsa in matsalar ta kowa ce, kamar yadda malaman firamare na Abuja suka rufe makarantu fiye da wata uku a 2025 kan mafi ƙarancin albashi na naira 70,000 da basussuka. Amma yara ne ke biyan farashinsa, sashe na 43 na Dokar Rikicin Ƙwadago ya ba gwamnati damar riƙe albashin kwanakin yaji, kamar yadda malaman jami'a suka gani bayan yajin wata takwas na 2022, kuma ba ƙungiyar da za ta rufe jiha don sunan mutum ɗaya ya ɓace a kwamfuta.

Ƙorafin da ya fi nauyi shi ne gwamnati ba ta bin hukunci. Akwai gaskiya a ciki, shi ya sa aiki ba ya ƙarewa ranar da alƙali ya yanke. Sashe na 287 na kundin tsarin mulki ya wajabta wa kowace hukuma bin hukuncin kotu, amma mai nasara ne zai bi sawu. Ya karɓi kwafin hukunci mai hatimi, ya kai wa hukumar, da antoni janar, da akanta janar, kowanne da shaidar karɓa. Dokokin kotun sun ba alƙali damar ɗora ƙarin da bai gaza kashi 10 cikin ɗari a shekara ba a kan kuɗin hukuncin da aka ƙi biya, don haka lauya ya roƙe shi tun a takardar ƙara. Ana iya neman kotu ta umarci bankin hukuma ya biya daga asusunta, sai dai sashe na 84 na dokar zartar da hukunci ya ce in kuɗin yana hannun jami'in gwamnati sai antoni janar ya amince, kuma a nan ake yawan samun tsaiko, duk da cewa Kotun Ƙoli ta rage kaifin sharaɗin a shari'ar Babban Bankin Nijeriya da kamfanin Interstella. In umarnin na yin wani aiki ne, kamar shigar da suna cikin albashi, ana iya bin jami'in da kansa da tuhumar raina kotu ta fom na 48 da na 49, abin da shugabannin hukumomi suke tsoro fiye da bashi. Ɗaukaka ƙara daga wannan kotu galibi sai da izini, kuma a Kotun Ɗaukaka Ƙara take tsayawa.

Saboda wahalar zartarwa, sulhun da aka yi a cibiyar sasanci ta kotun, wadda aka kafa a 2015, aka kuma mayar da shi hukunci mai jadawalin biya, sau da yawa ya fi nasarar da za a yi shekaru ana bi. Abu biyu ne kawai ba a sassautawa a irin wannan zama. Kada a sa hannu a takardar da ta ce an karɓi cikakken hakki alhali wani kaso aka bayar. A rubuta adadin da aka karɓa da wanda ya rage. Kuma a tabbatar ranar fara aiki da aka shigar a fayil da kwamfutar albashi ita ce ta takardar asali, ba ranar da aka fara biya ba, domin daga ita ake ƙirga girma a aiki, da lokacin ƙarin girma na gaba, da kuɗin fansho na watannin da aka tsallake, da shekarun ritaya, waɗanda dokar 2022 ta kai wa malamai shekara 65 da haihuwa ko 40 a bakin aiki a inda ake aiki da ita.